Ido kafin ƙafa: labarin Giyu, malamin tamola

Kowa ya san tamola. Babu garin da yara ba su buga ta. Da la'asar ta yi sai su fita fili, wasu da tamolar roba, wasu da ta tsumma. Amma cikin yara ashirin akan samu ɗaya da ya fita dabam. Bai fi kowa gudu ba, bai fi kowa ƙarfi ba. Sai dai duk inda tamola za ta faɗo, shi yana can yana jiran ta. Mutane sukan ce baiwa ce. Gaskiya ne, baiwa ce. Amma wani Bafaranshe ya nuna cewa ana iya renon wannan baiwa kamar yadda ake renon shuka. Sunansa Jean-Marc Guillou, ana faɗin sunan Giyu. Ga labarin aikinsa.

Wane ne Giyu?

An haifi Giyu ranar 20 ga watan Disamba na shekara ta 1945, a wani ƙaramin gari mai suna Bouaye, yammacin ƙasar Faransa. Ya zama ɗan wasan tsakiya. Ya daɗe yana buga ma ƙungiyar garin Angers, sa'an nan a 1975 ya koma ƙungiyar garin Nice. Ya buga ma ƙasarsa wasa 19. Yana cikin ƴan wasan Faransa da suka je gasar Kofin Duniya a ƙasar Arjantina a 1978.

Ba a san Giyu da tsere ko bangaza ba. An san shi da iya riƙe tamola, da ganin abokin wasa tun daga nesa.

Da shekaru suka ja, sai ya koma horar da wasu. A 1983 ya riƙe ƙungiyar garin Cannes. A can ya ɗauki wani saurayi ya zama mataimakinsa, sunansa Arsène Wenger. Wannan mataimaki shi ne daga baya ya riƙe ƙungiyar Arsenal ta Ingila shekara 22, daga 1996 zuwa 2018.

Mi ake nufi da fahimtar wasa?

Ga wani ɗan lissafi. Wasa minti 90 ne. Ƴan wasa 22 ne cikin fili. Tamola kuwa ɗaya ce tak. In an raba minti 90 tsakanin mutum 22, kowa zai samu minti 4 da ɗan ɗori. Gaskiyar magana ma bai kai haka ba, domin tamola takan fita waje, takan yi tafiya bisa iska. To, sauran minti 86 fa, mi ɗan wasa ke yi? Ba ƙafarsa ke aiki da tamola ba. Idonsa da hankalinsa ke aiki.

Kafin tamola ta iso gare shi, ɗan wasa mai fahimta ya riga ya waiga dama da hagu. Ya riga ya amsa tambaya uku:

Ina abokaina suke?
Ina abokan hamayya suke?
Ina wurin da babu kowa?

Wanda ya jira sai tamola ta zo ƙafarsa kafin ya ɗaga kai, ya makara. Kafin ya gama tunani an ƙwace ta.

Abin kamar dara ne. Gwanin dara ba ya kallon ɗan da ke hannunsa kaɗai. Yana kallon gurbin da za a toshe masa nan gaba. Haka ma a filin kokowa, sau nawa aka ga ƙaramin jiki ya kayar da ƙato? Ya lura da ƙafar da ƙaton ya ɗora ma nauyi, ya rigaye shi. Wannan lura ita ce Giyu ya mayar aikin rayuwarsa.

Zuwa Abijan

A 1993 Giyu ya tafi Abijan, birni mafi girma a Kwaddibuwa, garin da ƴan ci-rani da yawa na ƙasar Hausa suka sani. Ya haɗa kai da ƙungiyar ASEC Mimosas da shugabanta, lauya Roger Ouégnin. A 1994 suka buɗe makarantar tamola a wani wuri bakin ruwa da ake kira Sol Béni, ma'ana ƙasa mai albarka.

Giyu ya bi unguwa unguwa yana kallon yara suna wasa. An duba dubban yara, aka zaɓi kaɗan, masu shekara wajen 12. Bai nemi masu tsawo ko masu ƙirji ba. Ya nemi yaron da tamola ke jin maganar ƙafarsa, wanda kuma ke ɗaga kai yana duba fili. Yawancin yaran ɗiyan talakawa ne. Ba a karɓi kuɗin iyayensu ba. An ba su abinci, da magani, da karatun lakkol.

Dabarun makarantar

Abin mamaki ga hanyar Giyu shi ne, bai ƙara ma yara kaya ba. Rage masu ya yi. Duk abin da yaro zai jingina da shi ya huta ma tunani, sai ya ɗauke shi.

Na ɗaya, babu takalmi. Yaran sun yi shekaru suna wasa da ƙafa tsirara. Takalmin ƙwallo ba kyauta ake ba da shi ba, sai yaro ya ci jarrabawa. Jarrabawar ita ce riƙe tamola bisa iska, da ƙafa, da cinya, da kafaɗa, da kai, ba tare da ta taɓa ƙasa ba, mataki bayan mataki. Amfanin wannan biyu ne. Ƙafa tsirara ta fi jin tamola. In kuwa ƙafa ta san tamola sarai, ido ba ya bukatar kallon ƙasa. Ya samu sukunin kallon fili. Kuma mai ƙafa tsirara ba ya son a taka shi. Tilas ya hango mai zuwa, ya saki tamola da wuri.

Na biyu, babu mai tsaron gida. Sau da yawa yaran sukan shiga wasa ragarsu a buɗe. Wanda ya san babu kowa bayansa ba ya sakaci. Ba ya yar da tamola banza. In ta kuɓuce, kowa zai taso a ƙwato ta nan take, tun abokin hamayya bai samu damar bugawa ba. Da haka yaran suka koyi rufe hanya tare, kamar masu tare garke.

Na uku, karawa da manya. Akan haɗa su wasa da waɗanda suka girme su, suka fi su jiki. Yaro ba zai ture babba ba, ba zai tsere masa ba. Abin da ya rage masa shi ne dabara: ya ba da tamola, ya sake wuri, ya karɓa.

Na huɗu, ƙaramin fili da mutane kaɗan. In yara 22 suna cikin babban fili, wani zai yini bai taɓa tamola sau goma ba. In uku da uku ne, ko biyar da biyar, ba mai ɓuya. Kowane lokaci yaro na cikin zaɓi: in ba da, in riƙe, ko in wuce? Yawan zaɓi shi ke wasa hankali.

Na biyar, haƙuri. Ba a gaggauta yaran ba. Shekara biyar aka yi ana wannan aiki kafin duniya ta gan su. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi, amma ba a rana ɗaya yake ba da inuwa ba.

Ranar da gani ya kori ji

A 1998 manyan ƴan wasan ASEC suka ci kofin zakarun ƙungiyoyin Afirka. Bayan haka da yawa cikinsu suka tafi wasu ƙasashe neman kuɗi. Ga shi kuwa akwai babban wasa a gaba, da ƙungiyar Espérance ta Tunusiya, wadda ita ma ta ci wani kofin Afirka a shekarar. Sai aka yanke shawara a sa yaran Giyu.

Ranar 7 ga watan Fabrairu na 1999 aka yi wasan a Abijan. Mafi yawan yaran ba su kai shekara 20 ba. Abokan karawarsu magidanta ne da suka ga jiya suka ga yau. Mutane da yawa sun zaci za a sha kunya. Aka cika minti 90 ana kunnen doki. Da aka ƙara lokaci, yaran suka ci wasa 3 da 1. Cikinsu akwai Kolo Ture, da Didiye Zokora, da Aruna Dindan, da mai tsaron gida Bubakar Bari da ake ma laƙabi Kopa.

Bayansu makarantar ta fitar da Yaya Ture ƙanen Kolo, da Emanuwel Ebuwe, da Salomon Kalu, da Jarbinyo. Kolo ya tafi Arsenal a 2002, wurin Wenger, tsohon mataimakin Giyu. Yaya kuwa an zaɓe shi gwarzon ɗan wasan Afirka sau huɗu a jere, daga 2011 zuwa 2014.

Inda aka samu saɓani

Ba a rasa nono a ruga, ba a kuma rasa ƙura a hanya. Da kuɗi suka fara shigowa, sai rigima ta tashi tsakanin Giyu da shugabannin ASEC. Suka rabu, magana ta kai gaban alƙali.

Tun daga 2001 Giyu ya riƙa kai yaransa wata ƙaramar ƙungiya ta ƙasar Beljik mai suna Beveren. Akwai ranakun da cikin ƴan wasa 11 na ƙungiyar, 10 ƴan Kwaddibuwa ne. A 2004 suka kai wasan ƙarshe na kofin Beljik, amma ƙungiyar Bruges ta cinye su.

Wasu sun yaba, sun ce ya buɗe ma ɗiyan talakawa ƙofa. Wasu sun soki abin, sun ce ƙungiyar ta zama kasuwa, ana kawo samarin Afirka da araha ana sayarwa da tsada. Kuma ba dukan yaran suka yi suna ba. Wasu sun ji ciwo, wasu ba su samu ƙungiya ba. Bayan Giyu ya bar Beveren, ƙungiyar ta faɗa rukuni na biyu a 2007.

Girbin aikin

A 2006 Kwaddibuwa ta je gasar Kofin Duniya karo na farko, da yaran Giyu da yawa cikin ƙungiyar. Amma Kofin Afirka ya yi ta kuɓuce masu. A 2006 Masar ta cinye su a wasan ƙarshe. A 2012 Zambiya ta cinye su, da bugun daga kai sai mai tsaron gida, inda Kolo da Jarbinyo suka ɓarar da nasu.

Sai a 2015 haƙuri ya biya. Suka haɗu da Gana a wasan ƙarshe, ba wanda ya ci wani. Aka koma bugun daga kai sai mai tsaron gida, har aka zo kan masu tsaron gida su kansu. Kopa ya tare bugun ɗan uwansa na Gana, sa'an nan ya ajiye tamola ya buga ta shiga. Aka tashi 9 da 8. Yaya Ture ya ɗaga kofi. Shekara 16 ke nan bayan wasan yaran nan na 1999.

Giyu bai tsaya a Abijan kaɗai ba. Ya buɗe irin wannan makaranta a Madagaskar, da Mali, da Aljeriya, da Masar, da Gana, har da Tailan da Biyetnam. Daga ta Bamako aka samu Hamari Tarawore, da Amadu Haidara, da Ib Bisuma. Daga ta Aljeriya aka samu Rami Bensebaini da Yusuf Atal, waɗanda ke cikin ƙungiyar da ta ci Kofin Afirka a 2019. Ƙasa dabam, harshe dabam, amma hanya ɗaya ce, kuma ta yi amfani.

Abin ɗauka cikin wannan labari

Ga mushe na lakkol, da shugaban samari, da duk mai kula da wasan yara: rashin takalmi da rashin babban fili ba su hana koyo. A raba yara kashi kashi, uku da uku ko huɗu da huɗu. A sa duwatsu biyu kusa da juna su zama raga. A share fili daga ƙaya da kwalba kafin a fara. Kada a yi ta yi ma yaro tsawa ana gaya masa inda zai buga. In ya yi kuskure, a tsayar da wasa a tambaye shi: wa ka gani? Ina ne babu kowa? Yaron da aka saba yi ma tunani, ranar da babu mai yi masa sai ya tsaya cik. Kada kuma a raina ƙaramin jiki. Jiki yana zuwa daga baya.

Ga iyaye kuwa: a yi hattara da masu zuwa suna cewa a ba su kuɗi su kai yaro Turai. Makarantar Sol Béni ba ta karɓi kuɗin iyaye ba. Dokar hukumar ƙwallon ƙafa ta duniya, FIFA, ta hana a ɗauki yaro zuwa ƙungiyar wata ƙasa kafin ya cika shekara 18, sai da wasu dalilai ƙalilan. Yara da yawa an karɓe kuɗin iyayensu, an yashe su a baƙuwar ƙasa. Kada kuma a fitar da yaro daga lakkol saboda tamola. Cikin dubban da Giyu ya duba, kaɗan ya ɗauka, cikin kaɗan ɗin ma ba duka suka kai ba.

Amma yaron da ya koyi waigawa kafin ya motsa, ya koyi duba ɗan uwansa kafin ya yanke shawara, bai yi asara ba, ko da bai taɓa sa takalmin ƙwallo ba. Zai ci amfanin wannan a gona, a kasuwa, da cikin gida. Wanda ya riga ka gani, shi zai riga ka isa.