Uwargida, Bincika Ma'anar Sunan Jaririnki Kafin Ranar Suna

Hausawa na cewa suna linzami ne, to amma mu nawa ne muka san ma'anar wanda muke raɗa wa 'ya'yanmu?

Sunaye da dama da muke ji kullum, a gidajen Musulmi da na Kirista, asalinsu daga harshen Ibrananci ne. Saratu na nufin gimbiya. Hannatu, tagomashi ko alheri. Rahila tunkiya ce, Debora kuwa ƙudan zuma. Dauda, abin ƙauna. Ishaku, zai yi dariya.

Amma fa ba duk abin da kika karanta a littafin sunaye ko a intanet ne gaskiya ba. Ɗauki Maryam. Sau da yawa za ki ga an rubuta wai ma'anarsa "tauraruwar teku". Kuskure ne na masu kwafe littattafai. Malamin Kirista Jerom, wanda ya rasu a shekarar 420, ya fassara sunan da Latin da cewa "ɗigon teku", wato stilla maris. Masu kwafa suka sauya harafi ɗaya ya koma stella, tauraro. Har yau masana na da saɓani kan asalin sunan, wasunsu ma na ganin daga harshen tsohuwar Masar ya fito.

Kada kuma daɗin suna a kunne ya ruɗe ki. Mara suna ne mai sauƙin kira, amma ma'anarsa ɗaci. Shi ne sunan da Na'omi ta ba kanta bayan ta rasa mijinta da 'ya'yanta biyu.

To, yaya za ki tabbatar? Da farko, nemi a nuna miki sunan da haruffansa na asali. Ibrananci na da haruffa 22, daga dama ake rubuta shi, kuma kamar ɗan'uwansa Larabci, yawancin kalmominsa kan tsiro daga baƙaƙe uku. Mai bayanin da ya kasa nuna tushen nan, a bi maganarsa da hankali. Na biyu, duba labarin wanda ya fara amsa sunan. Na uku, kada ki tsaya ga baki ɗaya. Ku tuntuɓi malami ko fasto mai sani, ke da maigida.

Kwana bakwai ba su da yawa ga mai jego, saboda haka ki fara tun kina da ciki. Ku ma 'yan makaranta, kowace ta binciko nata. Matambayi ba ya ɓata.