Littattafan da suke ba mu labarin yadda aka ci ƙasa

A wani gida na nan Zongo, wani yaro ɗan makarantar boko ya komo da littafinsa na tarihi ya tambayi kakansa: "Baba Alhaji, su wane ne sojojin Hausa da suka taya Faransa yaƙar Behanzin?" Tsohon ya yi shiru, daga baya ya ce a kawo masa butarsa. Tambayar ta iso gare mu, kuma ita ce ta sa muka koma ga wasu littattafai, na Faransanci da na Hausa, waɗanda ya kamata a ce kowane gida yana da ko da biyu daga cikinsu.

Mu fara da ƙasar da muke zaune a kanta. Kafin a harba bindiga a kan Kwatano, sai da aka yi gardamar takarda. Faransa ta riƙe yarjejeniyoyin 1868 da 1878 tana cewa Sarki Glele ya bar mata garin, fadar Abome kuwa ta ce sarki bai taɓa ba da ƙasar kakanninsa ba. Bayan yaƙin farko, a Oktoba 1890, aka daidaita cewa Faransa za ta riƙa biyan faran 20,000 a kowace shekara. Su Faransawa sun ɗauka sun mallaka, shi Behanzin ya ɗauka baƙo ne yake biyan mai gida. Shekara biyu bayan haka Dodds ya shiga Abome, a Nuwamba 1892, kuma cikin rundunarsa akwai ƙungiyar da Faransawa suke kira sojojin Hausa. Gaskiya ne sunan ya haɗa mutane iri-iri, da Yarbawa Musulmi, da bayin da suka tsere wa iyayengijinsu, da duk wanda yake jin harshen. Amma sunanmu ne aka rubuta, kuma 'ya'yanmu suna karanta shi.

Jean Pliya ya mai da wannan zamani wasan kwaikwayo mai suna Kondo le requin, wanda yaranmu da dama suka san shi tun daga aji. Kondo shi ne sunan Behanzin yana ɗan sarki, kifin nan mai haƙora na teku kuma shi ne tambarinsa. Wasan yana da ƙarfi, yana sa mutum ya tausaya wa sarkin da ya miƙa kansa a Janairu 1894, aka kai shi tsibirin Martinik, ya rasu a Aljeriya a 1906. Waɗanda suka je fadar shugaban ƙasa a 2022 suka ga kayan tarihi 26 da Faransa ta maido, sun ga ƙarshen wannan labari da idanunsu.

Sai dai littafin da ya fi tsayar da mu shi ne Doguicimi na Paul Hazoumé, wanda ya fito a 1938. Labarin wata mace ce a zamanin Sarki Gezo, mijinta ya faɗa hannun abokan gaba a yaƙin Mahi, ita kuwa ta tsaya kan amanarsa cikin fada mai cike da 'yan leƙen asiri da masu kai suka, har ta zaɓi a binne ta tare da abin da ya rage na mijin. Hazoumé ya san fada ciki da bai, ya nuna yadda ake kashe mutum da murmushi. To amma a cikin littafin nan an sa mutanen zamanin Gezo suna yi wa Faransa kyakkyawan zato, kamar masu jiran zuwanta, kuma wanda ya rubuta masa gabatarwa, Georges Hardy, babban jami'in ilimi ne na mulkin mallaka. Mai karatu ya lura da wannan.

Abin mamaki, a shekarar da aka haifi Hazoumé a Porto-Novo, wato 1890, a ita aka haifi Malam Bello Kagara a ƙasar Hausa. Dukansu malaman makaranta ne a ƙarƙashin Turawa, ɗaya na Faransa, ɗaya na Ingila. Bello Kagara ya rubuta Ganɗoki domin gasar da Rupert East ya shirya a 1933, wadda ta fito da Ruwan Bagaja da Shaihu Umar da sauransu. Ganɗoki jarumi ne na Kwantagora, ya yi yaƙi da Turawa a bayan Sarkin Sudan Ibrahim Nagwamatse, ya bi Sarkin Musulmi Attahiru har Burmi, inda aka yi karon ƙarshe a 1903. Shafukan yaƙin suna da zafi, kirari na bin kirari, har mai karatu ya ji kamar ya ɗauki mashi. Daga nan sai labarin ya juya gabas, ya shiga ƙasashen aljannu, inda jarumin yake cin nasarar da ta gagare shi a gida. Da ya komo kuwa, sai ga shi yana yaba zaman lafiya da makarantun da ya tarar.

Ba mu zargin malamin da munafunci. Wanda yake rubutu a gasar mai mulki, kuma mai mulki ne zai buga, ya san iyakar inda alƙalaminsa zai kai. A ganinmu ya ajiye abin da yake ransa a farkon littafi, ya biya kuɗin fito a ƙarshensa. Wasu za su ce a'a, ya yarda da abin da ya rubuta ne, domin ya ga ƙarshen harin bayi da idonsa. Ita ma wannan magana ce mai nauyi, kuma irin muhawarar da za ta yi daɗi a zaure bayan sallar isha'i.

Akwai kuma mutumin da yake tsaye tsakanin sarki da Bature, wato tafinta. Amadou Hampâté Bâ ya ba shi littafi guda, L'Étrange destin de Wangrin, a 1973. Wangrin yana fassara wa kwamandan abin da ya ga dama, yana fassara wa talakawa abin da ya ga dama, ya tara dukiya daga tsakiya, ya ja wa manyan Turawa kunya a gaban shari'a, a ƙarshe giya ta cinye shi. Mu da muke cin abincinmu da harsuna uku ko huɗu a kasuwa da tashar jiragen ruwa, muna dillanci tsakanin wanda bai ji ba da wanda bai gani ba, wannan littafi ya fi kusa da mu fiye da yadda za mu so. Ko a Sakkwato ma, wasiƙar da Lugard ya ce ya samu a 1902, wadda ya kafa hujjar yaƙi da ita, masu bincike irin su Muffett sun yi shakkar ingancinta.

Ga ƙananan yara, Magana Jari Ce ta Abubakar Imam ta isa mafari. Sukan haddace tatsuniyoyin aku su manta da dalilin ba da su: sarki ya tafi yaƙi, wazirinsa ya haɗa baki da Sarkin Sinari, aku kuma yana jan dare da labari don kada Musa ɗan sarki ya fita ya faɗa tarko.

Shi kuwa yaron nan, an ce kakansa ya kira shi bayan kwana biyu, ya sa ya karanta masa shafin da Faransanci, yana fassarawa layi-layi. Da suka kai ga sunan sojojin, tsohon ya ce ya sake karantawa a hankali.