Kuɓuta Daban, Kwanciyar Hankali Daban

Yawancin finafinan da ke ba da labarin garkuwa da mutane suna ƙarewa ne ranar da aka ceto wanda aka tsare. Fim ɗin Room, wanda Lenny Abrahamson ya ba da umarninsa a 2015, bai tsaya nan ba. Kusan rabinsa ya tafi ne kan abin da ya biyo bayan kuɓutar.

Labarin Joy ne, matashiyar da wani mutum ya sace ya kulle a ɗan ɗaki har shekara 7. A ciki ta haifi Jack, wanda ya kai shekara 5 bai san wata duniya ba sai wannan ɗaki. Brie Larson, wadda ta fito a matsayin Joy, ta ci kyautar Oscar a 2016.

Fitowarsu ce ta nuna inda gizo ke saƙar. Jack yana tsoron baƙi, har yana kewar ɗakin, domin shi kaɗai ya sani. Joy kuwa ta zama mai saurin fushi, tana faɗa da mahaifiyarta. Da wata 'yar jarida ta yi mata tambayar da ta ɗora mata laifi kan renon ɗanta a tsare, sai ta yi yunƙurin hallaka kanta.

Likitocin ƙwaƙwalwa sun san wannan hali. Wanda ya daɗe cikin haɗari, jikinsa yakan zauna cikin shirin ko-ta-kwana ko da haɗarin ya wuce. Daga nan ake samun zabura, mugayen mafarkai, rashin barci da gudun mutane.

A fim ɗin, sannu a hankali natsuwa ta dawo. Joy ta samu kulawar asibiti. Leo, abokin zaman kakar Jack, bai taɓa matsa wa yaron ba, ya bar shi ya matso don kansa, ya haɗa shi da karensa. Daga baya Jack ya yi aboki a unguwa.

Mu ma muna da waɗanda suka dawo daga hannun 'yan bindiga. Bayan barka da arziki, a rage musu tambayoyi, a daina tsangwamar su, a ba su lokaci. Idan firgicin ya ƙi lafawa, a haɗa addu'a da ganin likita.