Garatutin Ma'aikatan Ƙananan Hukumomi: A Ina Kuɗin Suka Maƙale?

Kawuna ya yi shekara 35 yana aikin duba-gari a ƙaramar hukumarsu. Tun da ya ajiye aiki, ledar da ya naɗe takardar kama aiki da ta ƙarin girma a ciki ba ta barin aljihun rigarsa. Duk ranar da ya je bin sawun garatutinsa, sai ya dawo da sabon labarin da ya tsinta a gindin darbejiyar da 'yan fansho ke zama. Wani gaskiya ne, wani kuwa ƙanzon kurege.

Wanda ya fi yawo shi ne wai Abuja ce ta riƙe kuɗin. Ba haka ba ne. Hukumar PTAD tsofaffin ma'aikatan tarayya take biya, PenCom kuma sa ido take yi kan tsarin adashen fansho da aka kafa a 2004, aka sabunta dokarsa a 2014. Haƙƙin ma'aikacin ƙaramar hukuma yana ƙarƙashin dokar jiharsa ne. A Kano da Jigawa, misali, tun farko an tsara a cire kashi 8 cikin ɗari na albashin ma'aikaci, wanda ya ɗauke shi aiki ya ƙara kashi 17, a zuba a asusu ɗaya da ake biyan waɗanda suka yi ritaya.

A nan gizo ke saƙar. Masu cewa an yanki kuɗinsu amma ba a gansu a asusu ba, sau da yawa suna da gaskiya. Yankan ba ya fashi, tunda tun kafin albashi ya shigo hannu ake yin sa. Zubawar ce ke fashi. Idan aka yi watanni ba a cika kason gwamnati ba, ɗan abin da ya shiga sai ya tafi a fanshon wata-wata, garatuti kuma, da yake dunƙulallen kuɗi ne, ya koma layi. Haka bashi ke taruwa shekara bisa shekara. Gwamnatin Kano da ta hau a 2023 ta ce ta gaji bashin garatuti na kusan naira biliyan 48, ta kuma fara rage shi da biliyan 6 a ƙarshen shekarar.

Sai batun hukuncin Kotun Ƙoli na 11 ga Yulin 2024, wanda ya ce a riƙa tura wa ƙananan hukumomi 774 kasonsu kai tsaye. Hukuncin gaskiya ne. Amma cewa daga yanzu ciyaman zai kira kowa ya biya shi, wannan ƙari ne. Kotun ba ta soke dokokin fansho na jihohi ba, ba ta kuma yanke ranar biyan tsohon bashi ba.

Jita-jitar da ta fi ƙona mini rai ita ce wai idan mutum ya rasu kafin a biya shi, kuɗin sun bi ruwa. Ƙarya ce. Haƙƙin na magada ne, su nemi takardar shaidar rasuwa da ta kotu su bi sawu. Na san gidan da aka haƙura saboda wannan magana, marayu na zaune ba kuɗin makaranta.

Tantancewar da ake yi wa 'yan fansho kuwa ba tarko ba ce, ana yin ta ne don fitar da sunayen bogi, sai dai wanda bai halarta ba yana iya ganin an dakatar da fanshonsa. Marar lafiya ya sa 'ya'yansa su sanar da ofis a rubuce.

Duk wanda ya ce ka ba shi wani kaso ya sa sunanka a gaba, kada ka ba shi ko sisi. Ka kai ƙararsa ga ƙungiyar ma'aikatan ƙananan hukumomi ta NULGE ko ƙungiyar 'yan fansho ta jiharka, kuma kada ka miƙa wa kowa ainihin takardunka, kwafi ya isa.