Laƙabin "Uwargidan Shugaban Ƙasa" da Matsayin Mace a Siyasar Nijeriya

1.0 Gabatarwa

Tsarin mulkin Nijeriya na 1999 bai ambaci matar shugaban ƙasa ba, balle ya tanadar mata ofis ko aiki. Duk da haka, tun daga tsakiyar shekarun 1980 matan shugabanni suke taka rawa a bainar jama'a, ana yabonsu ana zarginsu kamar masu riƙe da muƙami. Manufar wannan maƙala ita ce ta dubi sunan da Hausa ta raɗa wa wannan matsayi, domin a ga yadda ma'anar sunan ta dace da irin ma'aunin da jama'a suke auna matan da shi.

2.0 Ƙirar Kalmar da Ma'anarta

Laƙabin Ingilishi na First Lady daga Amurka aka aro shi. Da masu fassara labarai a gidajen rediyo da jaridun Hausa suka ci karo da shi, ba su bi kalma da kalma sun ce "mace ta farko" ba, sai suka ɗauko "uwargida". Wannan harɗaɗɗen suna ne, daga uwa da mahaɗi -r da gida. Jinsinsa na mace ne, shi ya sa ake cewa "uwargida ta iso", amma da yake ɓangarensa na ƙarshe namiji ne, mafi yawan masu magana "uwargidan shugaban ƙasa" suke cewa, ko da yake akan ji "uwargidar" jefi-jefi.

A gidan Bahaushe uwargida ita ce matar fari, wadda amarya ta tarar a gida. Tana da girma da fifiko a kan kishiyoyinta, ita ake fara shawarta a sha'anin cikin gida, kuma sau da yawa ta hannunta ake rabon abin da maigida ya kawo. Ko mai mace ɗaya yakan kira matarsa uwargida don girmamawa. Abin lura shi ne ikon da kalmar take bayarwa yana da iyaka, kuma iyakar tana cikin kalmar kanta: gida. Idan aka kwatanta ta da takwararta "ubangida" sai bambancin ya fito fili. Ubangida ya daɗe da ficewa daga gida. Shi ne wanda ake yi wa barance a kasuwa da fada, a siyasar yau kuwa shi ne mai tsayar da ɗan takara ya kuma ɗaure masa gindi. Uwargida ba ta samu wannan faɗaɗar ma'ana ba. Mace mai 'yan kanzagi "uwarɗaki" ake ce mata, kuma nan ma ɗaki ne ya yi mata shinge.

A tsarin sarautar Hausa, manyan muƙaman mata irin su Magajiya da Iya da Inna ta Gobir galibi na dangin sarki ne na jini, kamar yadda Mai Babban Ɗaki a Kano take mahaifiyar sarki. Matar sarki kuwa a cikin gida take, ba a ganinta. A Borno ne aka sami Gumsu, babbar matar Mai, da matsayi sananne a gefen Magira. Ke nan babu wani gurbi na gargajiya da Hausa za ta saka matar shugaba mai fitowa fili, shi ya sa ta aro mata suna daga tsakar gida.

3.0 Daga Cikin Gida Zuwa Dandali

A Jamhuriya ta Biyu, 1979 zuwa 1983, ba kasafai ake ganin matan Shugaba Shehu Shagari a taron gwamnati ba, haka nan Hajiya Safinatu a zamanin mulkin soja na Janar Muhammadu Buhari. Maryam Babangida ce ta sauya wannan. A 1987 ta kafa shirin kyautata rayuwar matan karkara, wanda jama'a suka fi sani da Beta-Layif, aka kuma ɗora wa matan gwamnonin soja jagorancinsa a jihohi. Ta haka matsayin ya sami rassa tun daga tarayya har ƙananan hukumomi, tsani guda wanda kowace mace take hawa gwargwadon muƙamin mijinta. Maryam Abacha ta biyo baya da shirin tallafa wa iyali a 1994, a 1995 kuma aka kafa Ma'aikatar Harkokin Mata ta Tarayya. A wannan shekarar ce Amina Mama ta wallafa nazarinta inda ta nuna cewa wannan tsari mulkin matan manya ne, wanda ya dogara a kan aure, kuma ya sha bamban da gwagwarmayar mata ta neman haƙƙi.

Mulkin farar hula bai rushe tsarin ba. Stella Obasanjo ta kafa gidauniyar kula da yara naƙasassu, kuma kowace ta bayanta ta zo da nata shirin. Kusan dukkansu a kan yara da lafiya da marayu da zawarawa suka tsaya, wato ayyukan da al'ada ta riga ta amince na uwa ne. Muddin matar shugaba tana wannan fage, jama'a "uwar ƙasa" ko "uwar marayu" suke kiranta. Har Patience Jonathan ma laƙabin "Mama" magoya bayanta suka maƙala mata.

Da zarar an ga alamar hannunta ya kai ga mulki kansa, sai harshe ya juya. A Nuwamban 2009 aka kai Shugaba Umaru Musa 'Yar'aduwa jinya Jidda ba tare da ya miƙa ragama ga mataimakinsa ba, har sai da Majalisar Tarayya ta ayyana Goodluck Jonathan muƙaddashin shugaba a Fabrairun 2010. A tsawon waɗannan watanni jaridu da yawa Hajiya Turai suka ɗora wa alhakin ɓoye halin da shugaban yake ciki. Gaskiya ne tana kusa da majinyacin fiye da kowa, to amma ministoci da 'yan majalisa ne tsarin mulki ya ba ikon warware matsalar, kuma su ne suka yi ta jan ƙafa. Zomo, in ji masu iya magana, ba ya fushi da makashinsa sai da maratayinsa.

4.0 Misalin Aisha Buhari

Babu wadda batun suna ya fito fili a kanta kamar Hajiya Aisha Buhari. Da mijinta ya hau mulki a 2015, ta zaɓi a kira ta "matar shugaban ƙasa" kawai, don nuna cewa ba a buɗe ofishin da doka ba ta sani ba. A Yunin 2019 ta ba da sanarwar komawa ga laƙabin First Lady, tana mai cewa zaɓinta na farko ya rikita matan gwamnoni game da yadda za a riƙa kiransu. A Ingilishi wannan sauyi babba ne. A Hausa kuwa da ƙyar aka ji shi, domin kafafen watsa labarai sun saba musanya "matar shugaban ƙasa" da "uwargidan shugaban ƙasa" a cikin labari guda. Dalili kuwa shi ne duka biyun da aure suke bayyana ta. Babu wanda yake ɗauke da ma'anar "ta farko a cikin matan ƙasa" da ke cikin laƙabin Ingilishi.

A Oktoban 2016 ta yi hira da Sashen Hausa na BBC, ta ce wasu tsirarun mutane sun kankane gwamnati, shugaban bai ma san mafi yawan waɗanda aka naɗa ba, kuma in aka ci gaba a haka ba lallai ta fita yi masa yaƙin neman zaɓe a 2019 ba. Da aka tambayi shugaban a Balin, yana tsaye kusa da Angela Merkel, sai ya ce bai san jam'iyyar da matarsa take ba, amma dai wurinta shi ne kicin da falo da ɗaya ɗakin. Kakakinsa ya ce raha ce. Raha ko ba raha ba, amsar ta zayyano ainihin iyakokin kalmar uwargida, ɗaki bayan ɗaki.

Ra'ayin jama'a ya rabu, kuma abin sha'awa ga mai nazarin harshe shi ne ɓangarorin biyu da kalmomin gida suka yi muhawara. Masu suka suka ce ta tona asirin mijinta, ta fitar da maganar ɗaka waje. Masu yabo suka ce uwa ce da ta ga gida zai ci wuta ta yi kururuwa. Kaɗan ne suka tsaya a kan ko abin da ta faɗa game da naɗe-naɗen gaskiya ne, wanda shi ne tambayar da da wani jigon jam'iyya namiji ne ya yi furucin za a fara yi.

5.0 Ɗaukakar Mace Guda da Kujerun Zaɓe

Ana iya zaton shekaru kusan 40 na fitowar matan shugabanni sun share wa mata hanyar kujerun zaɓe. Alƙaluma ba su nuna haka ba. A 2007 mata 9 ne a cikin sanatoci 109. Bayan zaɓen 2023 da shari'o'insa 4 ne. Har yanzu ba a taɓa zaɓen mace gwamna ba. Virginia Etiaba, wadda ta riƙe Anambra daga Nuwamban 2006 zuwa Fabrairun 2007, tsige Peter Obi ne ya kai ta kujerar, kotu kuma ta mayar da shi. A zaɓen fid da gwani na PDP a 2011 Sarah Jibril ƙuri'a 1 tak ta samu. Manufar ƙasa ta 2006 kan jinsi ta nemi a ba mata kashi 35 cikin 100 na muƙamai, amma a Maris na 2022 Majalisar Tarayya ta yi watsi da ƙudurori 5 na gyaran tsarin mulki da suka shafi mata, 'yan kwanaki bayan Aisha Buhari ta je zauren da kanta don nuna goyon bayanta.

Oluremi Tinubu ta zo da yanayi na daban, domin ta wakilci Legas ta Tsakiya a Majalisar Dattawa daga 2011 zuwa 2023 kafin ta shiga fadar shugaban ƙasa. Masu fassara sukan haɗa mata laƙabi biyu, "Uwargidan Shugaban Ƙasa, Sanata Oluremi Tinubu", suna gabatar da na aure a kan na ƙuri'a. Hausa ba ta rasa kayan aikin ambaton mace mai mulki da kanta ba: da mahaɗi -r kaɗai ake samun "shugabar ƙasa", kuma an yi ta amfani da shi ga Ellen Johnson Sirleaf ta Laberiya daga 2006, da Samia Suluhu Hassan ta Tanzaniya daga 2021. Abin da babu shi ne laƙabin girmamawa ga mijinta. "Ubangidan shugabar ƙasa" zai ba da ma'anar wanda yake juya ta, "maigidan shugabar ƙasa" kuma ya ɗora shi a samanta.