Eniyo Morikone: Makaɗin da Ke Rubuta Kiɗansa a Takarda

Mutanen Kazaure da Roni da Gwiwa da Babura da suka taɓa zuwa cin rani Kano, wasunsu sun shiga silima sun kalli fim ɗin kaboyi. Akwai wani kiɗa mai fito da ake ji idan jarumi ya taho a kan doki. Mutane da yawa sun san kiɗan, amma ba su san mai shi ba. Sunansa Eniyo Morikone, mutumin ƙasar Italiya.

An haifi Morikone a birnin Rum a shekarar 1928. Mahaifinsa mai busa ƙaho ne, irin ƙahon da sojoji ke busawa wajen fareti. Tun yana ɗan shekara 6 yaron ya fara haɗa kiɗa. Da ya kai shekara 12 aka sa shi makarantar koyon kiɗa. Lokacin yaƙin duniya na biyu ne, abinci ya yi wuya a Rum. Duk da haka bai bar karatu ba. Sai a 1954 ya gama.

A wannan makaranta ya ƙware a wani irin rubutu. Kamar yadda magana ke da baƙaƙe da wasula, haka kiɗa ma yake da alamominsa. Morikone yakan tashi da asuba, ya zauna a tebur da fensir da takarda. Yakan rubuta abin da kowane makaɗi zai kaɗa ko zai busa. Daga baya makaɗa su karanta takardar, su yi kiɗan daidai yadda ya so.

A 1964 wani mai shirya fim, Sarjiyo Liyone, ya neme shi. Ashe tare suka yi firamare. Liyone yana shirya fim ɗin kaboyi, amma kuɗinsa kaɗan ne. Ba za su iya biyan makaɗa da yawa ba. Sai Morikone ya yi dabara. Ya sa fito da baki, da ƙarar bulala, da ƙararrawa a cikin kiɗan. A wani fim na 1966 har ya kwaikwayi kukan wata dabbar daji mai kama da dila. Rashin kuɗi ya haifi sabon salo, duniya ta karɓa.

Morikone ya yi wa finafinai fiye da 400 kiɗa. Amma bai koma Amurka da zama ba, bai kuma ƙware a Turanci ba. Ya zauna a garinsu da matarsa Mariya, wadda ya aura a 1956. Sun haifi 'ya'ya 4.

Babbar kyautar finafinai ta Amurka, wato Oska, ta daɗe tana wuce shi. A 2007 aka ba shi ta girmamawa. Sai a 2016 ya ci ta gasa, yana da shekara 87. Mahaƙurci mawadaci.

Ya mutu ranar 6 ga Yuli, 2020, bayan ya faɗi ya karye a cinya. Shekarunsa 91.

A ƙasar Hausa akwai gwanayen kalangu da goge da gurmi da kukuma. Sau da yawa idan gwani ya rasu, wani ɓangare na fasaharsa yakan tafi tare da shi, domin a ka take. Kiɗan Morikone kuwa yana nan a takarda, wanda bai taɓa ganinsa ba ma zai iya kaɗa shi. Saboda haka duk ɗan ajin yaƙi da jahilci da ke da makaɗi ko mawaƙi a gida, ya ɗauki alƙalami. Ya rubuta waƙoƙinsa da tarihinsa tun yana da rai.