Kuɗin Sallama: Kyauta Ne Ko Bashi?

Muna so mu duba wata mas'ala da ta dami ma'aikatan gwamnati, ta kuma shafi 'yan kasuwan da ke ba su kaya bashi, watau rikicin kuɗin sallama, wanda ake kira garatuti. Mutum ya yi wa hukuma aiki shekara 35, ko ya cika shekara 60 da haihuwa, a sallame shi, sa'an nan ya koma yana zarya tsakanin ofis da kotu yana neman hakkinsa.

Tushen gardamar shi ne, shin kuɗin nan kyauta ce ta ganin dama, ko kuwa bashi ne? Dokar Fansho ta 1979 ta tsara wa ma'aikaci garatuti da fansho gwargwadon shekarun aikinsa. Tsarin Mulkin Nijeriya na 1999, a sashe na 173 game da ma'aikatan tarayya da sashe na 210 game da na jihohi, ya hana a riƙe wannan hakki ko a rage shi, sai da dalilin da doka ta yarda da shi. A 2004 aka shigo da tsarin adashen fansho, aka sabunta shi a 2014, inda ma'aikaci ke zuba kashi 8 cikin 100, wanda ya ɗauke shi aiki kuma kashi 10. Amma kowace jiha da tata doka, kuma hakkin da ya riga ya tabbata a tsohon tsari bai faɗi ba.

Tun gyaran Tsarin Mulki na 2010, Kotun Ma'aikata ta Ƙasa ce ke sauraron irin waɗannan ƙararraki. Sai dai samun hukunci daban, karɓar kuɗi daban, domin wata tsohuwar doka ta ce sai da yardar Antoni Janar kafin a kama kuɗin da ke hannun jami'in gwamnati. Ta haka dattijo zai yi nasara a takarda, alhali gidansa babu hatsi.

To, a wajen malaman fiƙihu, aikin albashi ijara ce, kuma duk abin da aka shardanta wa ma'aikaci tun ranar ƙulla aiki yana cikin ladansa, ko da an jinkirta lokacin biya. Saboda haka muna ganin garatuti bashi ne tabbatacce a wuyan hukuma. Farkon Suratul Ma'ida ya wajabta cika alkawura, kuma hadisin da Buhari da Muslim suka ruwaito ya ƙidaya jan kafar mai hali wajen biyan bashi cikin zalunci. Gwamnatin da ta gaji wata ta gaji bashinta, domin da hukuma aka ƙulla alkawari. Akawun da ya ɓoye fayil sai an ba shi na goro kuwa, rashawa ya ci.

Wannan hukunci yana da rassa da ya kamata masu karatu su kiyaye. Idan mai ritaya ya rasu kafin a biya shi, kuɗin sun shiga cikin abin da ya bari. Wanda aka rubuta sunansa a takardar ofis wakili ne na karɓa kawai, amana ce a hannunsa. Sai a fara biyan basussukan mamaci, har da na ɗan kasuwan da ya jima yana ba shi shinkafa da mai, a zartar da wasiyya cikin sulusi, sa'an nan a raba saura ga magada bisa ƙa'idar gado. Game da zakka kuma, a mazhabar Malikiyya ba ta hau kan irin wannan kuɗi sai shekara ta zagayo bayan an karɓa, in sun kai nisabi.

Muna ba ma'aikata shawara su adana takardar ɗaukarsu aiki, da ta ƙarin girma, da ta ritaya, su kuma rubuta basussukan da ake bin su, da shaidu. Kai ƙara domin neman hakki halal ne, ba rashin haƙuri ba ne, ko da yake sulhu ya fi, muddin ba a tilasta wa mai rauni ya yafe rabin guminsa ba. Shugabanni kuma su tuna akwai ranar da ba a ɗaukaka ƙara. Allah Ya sa mu dace, amin.